Ƙofa Ta Biyar

Ranar Litinin da hantsi mijina ya aika wa iyayen yara sittin da uku saƙo. Shekararsa biyu da wata huɗu ke nan a kabari.

Ina ƙofar ajin 'yan shekara uku, ina raba faɗan wasu biyu a kan takalmi wari ɗaya, sai ga Maman 'Yanbiyu ta faɗo harabar makarantar ba ko sallama, waya a sama kamar mai neman sabis.

"Anti Babba, wasa kuke da hankalinmu ne?"

Na karɓa na karanta. *Iyaye na gari, mun ɗora hotunan yaranku a sabon shafi. Ku danna nan, ku saka lambar waya da kalmar sirrinku ku gani. Allah ya raya mana su.* A ƙasa an sa hannu: Malam Babba.

Haka yake rufe kowace takarda tun ran da muka buɗe wannan makarantar renon yara da benci huɗu.

Kafin azahar iyaye goma sha huɗu sun danna, sun saka, an kwashe musu komai. Ita Maman 'Yanbiyu kalma ɗaya take amfani da ita a duk abin da ke wayarta, don haka tas aka yi mata. Har surukarta aka tura wa zagi da sunanta. An kuma kwashe hotunan yara da adireshin gidajensu daga shafin makaranta, wannan ne ya fi tayar wa kowa hankali.

Ran Talata iyaye suka cika ajin manya, ƙattin mutane a kan 'yan kujerun yara, gwiwa har haɓa. Da wata rana ce da na yi dariya. Kowa na magana, ba mai sauraren wani. Wani ya ce aljanu ne, wani ya ce makarantar da ke bayan layi ce ke mana hassada. Sai ƙanin mijina, wanda ba ɗansa ko ɗaya a makarantar amma bai taɓa fashin taro ba, ya yi gyaran murya.

"Da ɗan gari akan ci gari. Wa ke buga wa Yaya takardunsa lokacin yana raye? Wa ya san yadda yake rufe magana?"

Duk aka juya aka kalli Yatsu.

Yatsu ita ce mai buga mana takardu. Malam ne ya sa mata sunan saboda saurin hannunta, har yara ma Anti Yatsu suke ce mata. Ofishinta da nawa katako ne kawai ya raba. Yatsu ta kalle ni. Ni kuwa na kalli ƙasa.

Iyaye suka yanke: zuwa Juma'a in fito musu da mai laifi, su miƙa shi ga hukuma. Na ce wa Yatsu ta ɗan huta a gida kafin ƙura ta lafa. Ta ɗauki jakarta da kofin shayinta ta fita.

*

Direbanmu ne ya kawo Mai Sawu ran Laraba. Ya ce kakan mutumin sawun shanun da aka sace yake bi, shi kuma a cikin kwamfuta yake bin nasa. Na zata zan ga matashi da jaka mai wayoyi. Sai ga wani dattijo ramamme, tabaransa ɗaure da zare a gefe ɗaya, yana tafiya kamar mai tsoron taka ƙwai.

Na nuna masa kwamfuta. Ko kallonta bai yi ba. Ya zagaya harabar, ya leƙa bayan ajujuwa, ya tsaya ya daɗe yana kallon akurkin tantabarun da ke kan rufin sito.

"Na wa ne?"

"Na marigayi. Tantabarun sun watse bayan rasuwarsa."

"Allah ya jiƙansa. Ba a sauke akurkin ba."

"Kwamfuta na kira ka ka duba, Malam, ba rufi ba."

"Haka ne," in ji shi, ya ci gaba da kallon rufin.

Da ya ga dama ya zauna. Ya ɗan danna nan da can, ya ce ɓarawon ya share rajistar shiga da fita, kamar mai jan reshe a bayansa don ya ɓad da sawu. Ya ce ba kowane makulli ke iya wannan ba, sai babba.

"Mutum nawa ke da ƙofar shiga shafin nan?"

"Huɗu. Ni, da Yatsu, da malamar ajin manya, da Direba saboda adireshin yara. Tawa da ta Yatsu ne manya."

"Ta marigayi fa?"

"An rufe."

Ƙarya na yi masa, kuma gara in faɗa muku tun yanzu. Ƙofar Malam ba ta cikin jerin ma'aikata, domin ita ce ta mai gida, da ita aka gina shafin. Bayan rasuwarsa na ce wa kowa na rufe ta. Ban rufe ba. Kullum da safe, kafin yara su iso, da ita nake shiga, saboda in ka shiga da ita fuskar kwamfutar kan rubuta: *Barka da zuwa, Malam Babba.* Wannan layin kaɗai nake so in gani. Ku kira shi hauka in kun so, ni ma na sha kiransa haka.

Amma ban ga abin da ya haɗa wannan da satar ba. Kalmar sirrin wani suna ne da yake kirana da shi in muna mu biyu, ko 'ya'yanmu ba su taɓa ji ba. Mutum biyu suka san ta a duniya, ɗaya yana ƙarƙashin ƙasa. To don me zan tona wa kaina asiri a gaban baƙo mai tabarau da zare?

Mai Sawu ya canza kalmomin sirrin mu huɗun, ya rubuta wa kowa tasa daban, ta Yatsu ya riƙe a aljihunsa.

*

Ya fara da Direba, a cikin motar makaranta, ni ina tsaye a bakin taga.

"Ina kake ajiye kalmarka?"

Direba ya sauke abin kare rana na gaban motar. Ga ta nan rubuce da jan biro, ɓaro-ɓaro.

"Tun yaushe?"

"Shekara biyar. Ai ba mai hawa gaba sai ni."

"Da makanike," in ji ni. "Da mai wankin mota. Da surukinka da ka kai asibiti da motata ba ka tambaye ni ba."

Na yi murna, na ce an kama. Mai Sawu ya girgiza kai, ya ce ƙofar Direba ƙarama ce, ba ta aika saƙo, ba ta share rajista. Malamar ajin manya kuwa ta manta tata tun bara, ba ta ma taɓa shiga ba.

Sai ƙanin mijina. Kowa ya san ya daɗe yana cewa filin makarantar nan ya fi dacewa da shaguna. A shagonsa na taya muka same shi.

"Matar Yaya, yau har da ɗan sanda kika zo min?"

"Ba ɗan sanda ba ne. In ba ka da laifi me ya sa kake zufa?"

"Taya nake ɗagawa!"

Mai Sawu ya roƙi ya ga wayarsa. Ƙanin mijina ya zaro wata 'yar ƙarama mai madannai, an naɗe ta da roba. Ya ce ko saƙo aka turo masa sai ya je gida matarsa ta karanta. Mai Sawu ya tambaye shi ko yayansa na da abokan kiwon tantabara.

"Abokai? Har na ƙasashen waje! Ya zauna gaban kwamfuta yana musu da mutumin da bai taɓa gani ba a kan maganin mura na tsuntsu. Matar Yaya ta sha ɓoye masa tabarau saboda haka."

Gaskiya ne, amma ban ga abin da ya kawo zancen ba. Na fara tunanin Direba ya kwaso min mai taɓin hankali.

*

Ran Alhamis da safe na shiga da ƙofar Malam kamar kullum. Ƙarfe goma saƙo na biyu ya fita. *Iyaye na gari, ku yi haƙuri da abin da ya faru. Ku danna nan ku kare wayoyinku. Allah ya raya mana su.* Mutum uku suka sake dannawa. Ɗan Adam ke nan.

Kaina ya ɗaure tamau. An canza ƙofa huɗu jiya, ta Yatsu ma tana aljihun Mai Sawu. Saura guda ɗaya, wadda ni kaɗai na san tana buɗe. Na zauna na zuba wa katakon da ya raba ofishinmu ido. Akwai wata 'yar tsaga a jikinsa, daidai kafaɗata. Wa ke zaune a bayanta shekara da shekaru? Wa ke da idon da zai karanta yatsun mutum a kan madannai?

Raina ya ɓaci irin ɓacin da ban taɓa ji ba. Satar ma ba ta dame ni kamar sunan ba. Sunan da ko 'ya'yana ba su sani ba, a ce yarinyar da na ɗauka kamar ƙanwa ta leƙo ta sace.

Ban iya firinta ba, kuma ba a sa mutum ya buga takardar korarsa da kansa. Da hannu na rubuta. Na ce bayan shekara goma sha shida tana cin amanar gidan nan, na sallame ta, kuma gobe zan ba iyaye sunanta. Na ba Direba ya kai mata.

Mai Sawu ya iso bayan azahar. Ya ce daga gidan Yatsu yake, sun yi saɓani da Direba a bakin layi.

"Malama, akwai ƙofa ta biyar."

"Kai ne mai bin sawu, nemo ta."

"Zan nemo. Mene ne Kayan Malam?"

Wata jaka ce a cikin akwatin imel na makaranta. Malam da adireshin makaranta yake komai nasa, don haka har bayan rasuwarsa wasiƙu ba su daina zuwa da sunansa ba. Na ce wa Yatsu kada ta buɗe ko ɗaya, kada ta goge, ta riƙa tarawa a wuri guda. Kamar rigunansa da ke cikin sif, ba mai sawa, ba mai taɓawa.

"Ba a buɗewa," na ce.

"Guda ɗari huɗu da goma sha biyu ne. Ina neman izini."

"Me wasiƙar mamaci za ta gaya maka?"

"Kakana ya ce in sawu ya ɓace a fili, ka duba inda aka hana kowa takawa."

Na tashi na bar masa ofishin, domin ba zan iya kallo ba.

*

Ran Juma'a ya ce a tara mutane kafin zuwan sauran iyaye. Muka zauna a ajin manya: Direba, malamar ajin, ƙanin mijina, Maman 'Yanbiyu a madadin iyaye. Yatsu ta zo a ƙarshe, ta zauna kusa da ƙofa, jakarta a cinya. Ban kalle ta ba.

Mai Sawu ya gyara zaren tabaransa.

"Ɓarawonku ba ya ɗakin nan."

"To yana ina?" in ji Maman 'Yanbiyu.

"Ban sani ba. Wataƙila bayan teku. Bai san ku ba, bai san Malam ba, bai ma san ya rasu ba. Tsohuwar takardarsa ya gani a shafin, ya kwafi gaisuwar da sa hannun."

"Wannan ai zancen banza ne," in ji ƙanin mijina. "Baƙo zai shiga gida ba makulli?"

"Da makulli ya shigo."

Ya zaro takarda ya karanta. Wasiƙa ce daga wani tsohon shafin masu kiwon tantabara, inda Malam ya yi rajista shekara goma sha biyu da suka wuce. Masu shafin sun daɗe da watsar da shi, ba gyara, ba mai gadi. Wata uku da suka wuce aka fasa shi, aka kwashe adireshi da kalmar sirrin duk wanda ya taɓa shiga. Suka rubuto wa kowa: *in kana amfani da wannan kalmar a wani wuri, ka canza ta yau.* Sau uku suka rubuto. Duka ukun suna cikin Kayan Malam, ba a buɗe ba.

"Irin wannan jerin sayar da shi ake yi," in ji Mai Sawu. "Wanda ya saya sai ya ba na'ura, ta riƙa gwada makullin kowa a kowace ƙofa, dare da rana. In mutum makulli ɗaya ya yi wa gidansa da shagonsa da akurkin tsuntsunsa, to duk wanda ya tsinci na akurkin ya samu na gidan. Kuma ɓarawo mai wayo ba ya canza kwaɗo, kada mai gida ya farga."

Ana zaton wuta a maƙera, ga ta a masaƙa. Maman 'Yanbiyu ta sunkuyar da kai, ita ma mai kalma ɗaya.

"Amma ai Anti Babba ta rufe ƙofar Malam," in ji Direba.

Mai Sawu ya tako a hankali ya miƙo min wata 'yar takarda a ninke, ni kaɗai. Layi ɗaya ne da ya kwafo daga jerin. Adireshin makarantarmu, a gefensa sunana. Sunan nan da Malam ke kirana da shi a cikin ɗaki. Ya ce a hankali mutum dubu tara ne a jerin, kuma daga wasiƙun ya ga Malam ya yi rajista a wajen masu irin shuka, da masu littattafan yara, da wasu wurare bakwai. Da wuya in ba kalmar ce duka ba.

Na rasa abin da zan ji. Malam, bawan Allah, duk ƙofar da ta tambaye shi abin da ba zai manta ba, ni ya ba ta. Na so in yi kuka, na kuma so ya tashi in ja masa kunne.

Mai Sawu ya koma ya zauna. Ya gama nasa, bai tona ni ba. Da na yi shiru da sai a ce kamfanin shafin ne ya manta bai rufe ba, kowa ya tafi gida.

"Ban rufe ba," na ce. "Ƙarya na yi muku. Ni na bar ta a buɗe, ni na hana a karanta wasiƙun. Yatsu ba ta da laifin komai."

Ƙanin mijina ya kau da kai gefe.

"To don me?" in ji Maman 'Yanbiyu. Ba da faɗa ta tambaya ba, abin ne ya ɗaure mata kai.

Yatsu ce ta amsa daga bakin ƙofa.

"Tana gaishe shi ne."

Duk muka juya.

"Kullum bakwai da kwata. In kwamfutar ta ce barka da zuwa, sai in ji Anti ta ce barka kadai. Katakon nan ba ya tare magana."

"Kin sani?" na ce. "Tun yaushe?"

"Tun satin da kika dawo aiki."

"Aka tsare ki ran Talata a gaban mutane, ba ki faɗa ba? Mai Sawu ya je har gida, ba ki faɗa ba?"

"Ba sirrina ba ne, Anti. Na ɗauka ke za ki faɗa."

Na sha jin kunya a rayuwata, amma ban taɓa jin wadda ta hana ni ɗaga wuya ba sai ranar.

*

Iyaye suka zo, na maimaita musu da bakina, na nemi gafarar Yatsu a gabansu. Wasu suka cire yaransu, da yawa suka bari. Mai Sawu ya zaunar da su a kan 'yan kujerun nan yana koya musu: kowace ƙofa da makullinta, ƙofar da ka daina shiga kuma ka toshe ta. Direba ya goge abin kare rana da fetur.

Da la'asar muka shiga ofis mu uku. Mai Sawu ya mayar da shafin a sunana, ya kai ni inda ake rufe ƙofar Malam, ya ja baya. Kwamfutar ta tambaya ko na tabbata. Hannuna ya ƙi. Yatsu ta zagayo ta tsaya a bayana, ta dafa kafaɗata har na danna. Sannan ta zauna ta buɗe wasiƙu ɗari huɗun nan ɗaya bayan ɗaya, ta rufe duk wata ƙofa da Malam ya bari a duniya. Sai dab da magariba ta gama. Na ce Direba ya kai ta gida, ta ce za ta taka.

Ran Litinin na iso bakwai da kwata. Na shiga da tawa ƙofar. *Barka da zuwa, Anti Babba.* Na kasa kunne ko zan ji ƙarar madannai daga bayan katako. Shiru.

Na zagaya. Tebur a share, kujera a tura ciki, babu kofin shayi. Makullin ofis na kan takardar da na rubuta da hannuna. Ba ta ƙara ko kalma ba. Wuri ɗaya kawai ta gyara da jan biro, yadda ta saba gyara min kowace takarda: inda na sa shekara goma sha shida, ta soke, ta rubuta sha bakwai.